Korar Jamusawa daga gabashin Turai bayan 1945: kurakuran da aka fi yi da yadda za a gyara su

Ɗalibin tarihi ko ɗan jarida da ya zo rubutu kan ƙarshen Yaƙin Duniya na Biyu yakan dunƙule wannan batu a layi ɗaya: wai a taron Potsdam aka yanke wa Jamus ƙasa, aka kori mutum miliyan kaza, miliyan biyu suka mutu. Kowane yanki na wannan layin yana da gyara. Jamusawa tsakanin miliyan 12 zuwa 14 ne suka bar gidajensu daga ƙarshen 1944 zuwa 1950, amma ba rana ɗaya suka tashi ba, ba daga ƙasa ɗaya ba, kuma ba hukuma ɗaya ce ta tashe su ba. Wanda bai rarrabe waɗannan ba, duk abin da ya ɗora a kai zai karkace.

Ɗora komai a kan taron Potsdam

An yi taron Potsdam daga 17 ga Yuli zuwa 2 ga Agusta 1945, tsakanin Truman na Amurka, Stalin na Tarayyar Sobiyet, da Churchill na Birtaniya wanda Attlee ya gaje shi ana tsakiyar taron. Kafin su zauna, miliyoyi sun riga sun kama hanya. Gyaran shi ne a raba lamarin zango uku, kuma duk labarin da aka kawo a faɗi zangon da ya faɗa ciki.

Zangon farko gudun hijira ne. Tun Oktoba 1944 da sojojin Sobiyet suka taka Gabashin Prussia mutane suka fara tserewa, abin ya yi tsanani a Janairu 1945 cikin tsakiyar hunturu, a keken doki, a ƙafa, da jiragen ruwa ta tekun Baltik. Shugabannin Nazi na yankunan sun hana mutane tashi da wuri don kada a ce an karaya, sai da lokaci ya ƙure. Jirgin ruwan Wilhelm Gustloff da jirgin ƙarƙashin teku na Sobiyet ya nutsar ranar 30 ga Janairu 1945, inda kimanin mutum 9,000 suka halaka, cikin wannan zangon yake. Kuskure ne a kawo shi a matsayin misalin korar bayan yaƙi, domin a lokacin ana tsakiyar yaƙi ne.

Zango na biyu, daga Mayu zuwa Yulin 1945, shi ne korar da ba ta da tsari. Sojoji da 'yan sa-kai a Foland da Cekoslobakiya suka riƙa ba iyalai 'yan mintuna ko sa'o'i su tattara abin da hannu zai ɗauka, a tasa su gaba zuwa iyaka. A nan ne aka yi tattakin Brno na ƙarshen Mayu, inda aka tasa Jamusawan garin a ƙafa zuwa iyaka, da kashe-kashen Postoloprty da Přerov a Yuni, da na Ústí nad Labem ranar 31 ga Yuli, duk a Cekoslobakiya. Gwamnatocin biyu suna gaggawa ne don manyan ƙasashe su tarar aikin gama ya gama.

Zango na uku shi ne na jiragen ƙasa bisa yarjejeniya. Potsdam ta ce a yi jigilar cikin tsari da mutuntawa, kuma ranar 20 ga Nuwamba 1945 Majalisar Ƙawance mai mulkin Jamus ta fitar da jadawalin mutum miliyan 6.65: miliyan 3.5 daga yankunan da Foland ke riƙe da su, miliyan 2.5 daga Cekoslobakiya, 500,000 daga Hungari, 150,000 daga Ostiriya. Jigilar ta kankama a farkon 1946. Daga Cekoslobakiya zuwa yankin Jamus da Amurka ke riƙe da shi, jirgi ɗaya yakan ja tarago 40, kowane tarago mutum 30, wato 1,200 a tafiya guda, kuma kayan kowa ba su wuce kilo 30 zuwa 50 ba da farko. Kada a ɗauki kalmar mutuntawa da ke cikin takarda a ce haka abin ya gudana. An mutu da sanyi da yunwa a taragu da sansanonin jira, musamman a hunturun 1946 zuwa 1947.

Kiran kowa "ɗan ƙasar Jamus"

Wannan kuskuren yana ɓata fahimtar shari'ar lamarin baki ɗaya. Mutanen Silesia, Pomerania, gabashin Brandenburg da Gabashin Prussia 'yan ƙasar Jamus ne, a cikin iyakokinta na 1937 suke. Iyakar ce ta tsallake su. Amma Jamusawan Sudeten, mazauna yankunan bakin iyakar Cekoslobakiya, kimanin miliyan 3, ba su taɓa zama cikin daular Jamus da aka kafa a 1871 ba. Talakawan Ostiriya-Hungari ne har 1918, sannan 'yan ƙasar Cekoslobakiya har yarjejeniyar Munich ta Satumba 1938 da ta miƙa yankinsu ga Jamus. Haka Jamusawan bakin kogin Danube a Hungari, Yugoslabiya da Rumaniya, waɗanda kakanninsu suka zauna can tun ƙarni na 18, da na Transylvania da suka fi su daɗewa da ɗaruruwan shekaru. Danzig ma birni ne mai cin gashin kansa ƙarƙashin kulawar Majalisar Ƙasashen Duniya ta wancan zamani daga 1920 zuwa 1939.

Saboda haka a guji cewa "an mayar da su gida". Akasarinsu ba su taɓa zama a Bavaria ko Saxony ba, gidansu shi ne inda aka fitar da su. A rubuta "Jamusawa 'yan ƙasa" ga rukunin farko, "masu asalin Jamus" ga na biyu.

Zana iyaka ba daidai ba

Akwai kogi biyu masu suna Neisse, kuma masu zana taswira suna yawan musanya su. Sabuwar iyakar Jamus da Foland tana bin kogin Oder da Neisse ta yamma, wadda ta ratsa Görlitz ta raba garin biyu, ɓangaren gabas ya zama Zgorzelec. Neisse ta gabas tana can cikin Silesia, kuma da ita aka bi, da babban yanki na Silesia ta Ƙasa ya tsaya a Jamus. An yi ja-in-ja a kan wannan tun taron Yalta na Fabrairu 1945, ra'ayin Stalin ne ya rinjaya. Sannan a arewa layin bai bi kogin Oder har bakin teku ba: Stettin tana yamma da kogin, amma an ba Foland ita.

Gabashin Prussia kuma ba duka ta tafi Foland ba. Kudancinta ne ya tafi can. Arewacin da birnin Königsberg ya shiga hannun Sobiyet, aka sauya masa suna Kaliningrad a 1946, kuma har yau na Rasha ne. Jimillar abin da Jamus ta rasa ya kai kusan murabba'in kilomita 114,000, wato kwatankwacin faɗin Jamhuriyar Benin, kusan kashi ɗaya cikin huɗu na ƙasarta ta 1937.

A kula da "Gabashin Jamus". A bakin mai karatu na yau, wannan suna na ƙasar kwaminis ce da aka kafa a 1949 mai birane irin Leipzig da Dresden. Yankunan da aka kori mutane daga cikinsu suna gabas da ita. A ce "tsofaffin yankunan gabas na Jamus" don kada a rikita su. Wajen sunayen garuruwa, ƙa'ida mai sauƙi ita ce a yi amfani da sunan zamanin da ake magana a kai, a kawo ɗayan sau ɗaya a farkon ambato: Breslau ita ce Wrocław, Stettin ita ce Szczecin, Danzig ita ce Gdańsk, Reichenberg ita ce Liberec. Mai neman garin kakanni a taswirar yau da tsohon suna zai sha wahala a banza.

Wani abin da ake mantawa: Foland ba ta ƙaru ba, raguwa ta yi. Sobiyet ta ƙwace mata kusan murabba'in kilomita 180,000 a gabas da layin Curzon, wanda a kansa aka ɗora sabuwar iyakarta ta gabas, har da Lwów da Wilno, aka biya ta da kimanin 100,000 a yamma da arewa. An tura ƙasar yamma ne ɗungurungum. Cikin waɗanda suka shiga gidajen Jamusawa a Wrocław da sauran yankunan akwai 'yan Foland da su ma aka taso daga gabas, kimanin miliyan 1.5 tsakanin 1944 da 1946, sai 'yan Yukren kusan 140,000 da aka warwatsa a sababbin yankunan a 1947. Rubutun da ya bar su a waje ya ba da rabin labari.

Yawan waɗanda suka mutu

Nan ne aka fi yin ɓarna, domin ana kwafe adadi ba tare da sanin yadda aka samo shi ba. A 1958 hukumar ƙididdiga ta Jamus ta Yamma ta ba da kimanin miliyan 2.2. Ba gawawwaki aka ƙirga ba. An ɗauki yawan Jamusawan yankunan a 1939, aka ƙara haihuwa, aka cire sojojin da suka mutu, da waɗanda aka samu a ƙidayar 1950, da waɗanda aka ɗauka sun tsaya a can. Duk wanda ya rage ba a san inda yake ba aka lissafa shi matacce. Irin wannan lissafi duk kuskuren da ke cikin sauran lambobin a kan ragowar yake taruwa. Adadin da aka sa na sojojin da suka mutu bai kai na gaskiya ba, haka ma na waɗanda suka zauna suka karɓi takardar zama 'yan Foland, kuma Yahudawan yankunan da Nazi suka kashe sun iya faɗawa cikin ragowar.

Ofishin neman ɓatattu na coci-coci, wanda ya bi mutane da sunayensu, ya tabbatar da mutuwar kusan 473,000, ya bar wajen miliyan 1.9 da ba a gano makomarsu ba. Ma'ajiyar tarihi ta tarayyar Jamus ta Yamma a 1974 ta ba da kimanin 600,000 da suka mutu ta hanyar kisa, sansanoni da aikin tilas. Masana irin Rüdiger Overmans da Ingo Haar suna tsayawa ne tsakanin 500,000 da 600,000. Kan Cekoslobakiya kaɗai, an daɗe ana cewa sama da 200,000, amma kwamitin haɗin gwiwa na masana tarihin Jamus da Cek ya sauko da adadin zuwa tsakanin 15,000 da 30,000 a 1996.

Abin yi: kada a kawo lamba ita kaɗai. A faɗi wanda ya fitar da ita, shekarar, da ko ƙirga sunaye aka yi ko ragowar lissafi ce, kuma a bayyana ko ta haɗa da mamatan gudun hijira na lokacin yaƙi. Rabin miliyan ba ƙaramin bala'i ba ne, ba ya bukatar a kumbura shi.

Ɗaukar cewa kowace ƙasa iri ɗaya ta yi

Potsdam ƙasashe uku kawai ta ambata: Foland, Cekoslobakiya, Hungari. Hungari ta fara da garin Budaörs a Janairu 1946, ta kori wajen 200,000, kusan rabin Jamusawanta suka zauna. Yugoslabiya ba ta cikin yarjejeniyar. Ta ƙwace dukiyarsu da dokar Nuwamba 1944, ta tsare waɗanda ba su gudu ba a sansanoni irin Gakovo da Knićanin har 1948, dubbai da dama suka mutu, yawanci tsofaffi da yara. Rumaniya ba ta yi korar gama-gari ba, sai dai a Janairu 1945 an kwashi kimanin 70,000 zuwa aikin tilas a Sobiyet. Jamusawan kogin Volga kuma labarinsu daban ne: Stalin ya kwashe su zuwa Saiberiya da Kazakistan tun 1941.

Kan dokokin shugaba Beneš na Cekoslobakiya ma a gyara magana. Ba su ne suka ba da umarnin kora kai tsaye ba. Ta 12 ta ƙwace gonaki, ta 33 ta cire wa mutane zama 'yan ƙasa, ta 108 ta ƙwace sauran dukiya, tare da togaciya ga wanda ya tabbatar ya yaƙi Nazi. Su ne suka share fagen korar.

Kuma ba kowa aka kora ba. Foland ta tantance kusan mutum miliyan ɗaya a Silesia ta Sama da Masuria ta ce asalinsu nata ne, ta bar su. An kuma riƙe ƙwararrun ma'aikatan ma'adinai da masana'antu a Foland da Cekoslobakiya.

Yanke labarin daga abin da ya gabace shi, ko fakewa da shi

Rubutun da ya fara daga 1945 ya yi wa gaskiya rauni. Kafin nan Nazi sun kori ɗaruruwan dubban 'yan Foland daga yammacin ƙasarsu don zaunar da Jamusawa, sun kwashe ƙauyukan Zamość a 1942 da 1943, sun shafe ƙauyen Lidice na Cekoslobakiya a Yuni 1942, kuma Foland ta rasa kusan mutum miliyan 6, rabinsu Yahudawa. Jam'iyyar Konrad Henlein, wadda daga baya ta bi Nazi, ta ci kusan kashi biyu cikin uku na ƙuri'un Jamusawan Sudeten a 1935. Dole a faɗi wannan. Amma faɗin dalili ba wanke aiki ba ne: hukuncin ya faɗa kan jama'a ne saboda harshe da asali, kuma mafi yawan waɗanda aka loda a taragu mata ne da yara da tsofaffi, tunda mazan suna fursuna ko sun mutu.

Kalmomi ma suna da ɓangare. Jamus ta Yamma ta ce kora, Jamus ta Gabas ta ce sake matsuguni har ta hana maganar a fili, 'yan Cek suka ce kwashewa, Foland ta kira sababbin yankunan "ƙasashen da aka maido". In an ari ɗaya, a faɗi mai ita.

Cewa an rufe maganar iyaka a 1945

Potsdam ta sa yankunan ƙarƙashin mulkin Foland ne kafin a yi yarjejeniyar zaman lafiya, wadda ba a yi ba. Jamus ta Gabas ta amince da iyakar ranar 6 ga Yuli 1950. Jamus ta Yamma ta ƙi, har sai da shugaban gwamnatinta Willy Brandt ya sa hannu a Warsaw ranar 7 ga Disamba 1970. Jinkirin yana da nasaba da ƙuri'a: ƙidayar 1950 ta nuna korarru kusan miliyan 8 a Yamma, a jihar Schleswig-Holstein sun kai kashi ɗaya cikin uku na jama'a, sai wasu miliyan 4 a Gabas. Dokar raba nauyin asara ta 1952 ta ɗora haraji kan masu dukiyar da ta tsira don a biya su diyya. Tabbacin ƙarshe na shari'a ya zo ne da yarjejeniyar ƙasashe shida ta 12 ga Satumba 1990 da yarjejeniyar iyaka tsakanin haɗaɗɗiyar Jamus da Foland ta 14 ga Nuwamba 1990. Wannan ta ƙarshen ita ce ranar da za a rubuta in an tambayi yaushe layin Oder da Neisse ya zama iyakar da ba jayayya a kanta.