Yadda Ake Binciken Babban Allon Kwamfuta Idan Ya Ƙi Kamawa

Kafin a ɗora wa babban allo (motherboard, wato faifan da duk sassan kwamfuta ke haɗuwa a kansa) laifi, a fara gwada na'urar ba da wuta, domin sau da yawa matsalar daga nan take. A cire filoginta mai fil 24, a haɗa koriyar waya da baƙa. Idan fankarta ba ta juya ba, mai yiwuwa na'urar ce ta lalace.

Idan ta juya, a mayar da filogin, sannan a taɓa fil biyu na maɓallin kunnawa da ke kan babban allon da bakin sukundireba, saboda maɓallin kansa yakan mutu. In har shiru, a zare wuta, a cire batirin CR2032 (ƙaramin batiri mai kama da kwabo da ke kan allon) na 'yan mintuna, a bar RAM (katin ma'ajiyar bayanai ta wucin gadi) ɗaya kacal, sannan a sake gwadawa. Kafasitan (ƙaramin sashe mai tara wuta a kan allon) da ya kumbura kuwa, canza shi aikin ƙwararre ne.