Kurakuran da ake yi wajen zaɓen tsofaffin waƙoƙin rock da aka sabunta sautinsu

Kuskuren da ya fi yawa shi ne ɗaukar ƙarfin sauti a matsayin kyau. Kunne haka yake: in aka kunna maka waƙa ɗaya sau biyu, wadda ta ɗan fi ƙara ita za ka ce ta fi daɗi. Kamfanonin faifai sun san da haka, shi ya sa tun shekarun 1990 suke matse sauti, su ɗaga wuraren da kiɗa ya yi sanyi har su kamo wuraren da ya yi zafi. Sai ganga ta rasa nauyin dukanta, kuge ya koma shuu, kafin ka gama faifan kunne ya gaji. Tarin waƙoƙin ƙungiyar makaɗan Ingila Led Zeppelin na 2007, mai suna Mothership, ya sha irin wannan suka. Maganinsa, ka rage ƙarar sabon har ta zo daidai da ta tsohon, sannan ka kasa kunne a inda mawaƙi ya sassauta murya kafin makaɗa su rufto. In babu hawa da sauka, an cuci waƙar, kuma abin yana ba ni takaici ƙwarai.

Wani kuskuren shi ne rashin duba abin da aka rubuta a bayan faifai. "Remastered" na nufin an ɗauko tef ɗin da aka riga aka haɗa, aka gyara sautinsa, kamar yadda aka yi wa faifan ƙungiyar makaɗan Beatles a ɗakin ɗaukar sauti na Abbey Road da ke Landan a 2009. "Remix" kuwa an koma kan kowace murya da kowace jita daban, an sake haɗa su. Tarin waƙoƙin Beatles mai suna 1 ya fito a 2000, mai haɗa sauti Giles Martin ya sake haɗa shi a 2015, don haka suna ɗaya ne amma sauti biyu.

Kada kuma ka tsani ɗan huci na tsohon tef. Injin da ke share shi, in an matsa masa, yakan tafi da numfashin mawaƙi.

Sannan kafin ka zargi injiniyan da ya sabunta sautin, duba abin da ke wayarka. In masu turi ne suka zuba maka MP3 mai 128 kbps, wato fayil ɗin da aka rage masa inganci, kana ji ta ƙaramar sifika, ba aikinsa kake saurara ba. Nemi CD ko fayil ɗin FLAC, wanda ba ya rage ingancin sauti, ka sa abin kunne mai waya, ka gwada waƙa ɗaya da ka haddace.