Barasa da Aikin Ido na Leza: Kurakuran da Aka Fi Yi da Yadda Ake Kauce Musu

Aikin gyaran gani da na'urar leza, wadda ke sassaƙa ido da tsinin haske mai ƙarfi, ba ya cin lokaci. Ido biyu akan gama su cikin minti 20 zuwa 30, ita lezar kanta kuma 'yan daƙiƙoƙi take yi a kan kowane ido. Ba a sa mutum barci, ba a ɗinki, a ranar yake komawa gida. Wannan sauƙin shi ke sa masu shan barasa su riƙa ganin gargaɗin da ke cikin takardar asibiti kamar maganar cika takarda ce kawai. Kuma gaskiya ne, kofi ɗaya ba zai goge abin da lezar ta gyara ba. Sai dai ba a nan gizo ke saƙar ba. Barasa ta bayan fage take yin ɓarnarta: ta kan magungunan da za a ba ka, ta kan hawayen idonka, sannan ta kan hannunka da hankalinka a daren farko.

Kuskuren da ya fi kowane haɗari shi ne ɗan kurɓawa da safiyar aikin don a kashe fargaba. Tsoron a taɓa ido ba abin kunya ba ne, kowa yana da shi, shi ya sa asibitoci da yawa suke ba da ƙwayar kwantar da hankali kafin a shiga, galibi diyazefam, wato Valium. Ita da barasa wuri ɗaya suke dannawa a ƙwaƙwalwa. Idan suka haɗu sai mutum ya yi laushi fiye da yadda likita ya lissafa, barci ya riƙa fizgar sa, a wasu lokutan numfashi ma ya yi ƙasa. Shi kuwa wannan aiki yana buƙatar mutum a farke, yana jin umarni. Za a ɗiga maka maganin kashe jin zafi, a sa wani ɗan ƙarfe ya riƙe fatar idon a buɗe, a ce ka zuba wa wata 'yar fitila mai ƙiftawa ido kada ka kauce. Na'urorin yanzu suna bin motsin ido, suna ma tsayawa idan ya kauce da yawa, amma ba a ƙera su don su yi kokawa da wanda kansa ke juyawa ba. Ga kuma takardar amincewa: sa hannun wanda ke cikin maye ba abin dogaro ba ne, likita mai kula zai ɗage aikin ne kawai. Idan fargaba ta yi maka yawa, ka faɗa tun a ranar gwaji, su san irin maganin da za su tanadar maka.

Wasu kuma sukan ce ai jiya da dare ne, yau gari ya waye. Hanta ba ta san gari ya waye ba. A matsakaici, abin da take iya narkarwa bai wuce kimanin ƙaramin kofi ɗaya a awa guda ba, kuma wanka da ruwan sanyi ko shan gahawa mai ƙarfi ba sa ƙara mata sauri ko kaɗan. Wanda ya sha da yawa har tsakar dare zai iya isa asibiti da sauranta a jininsa. Ko da ta fita, ta bar masa ciwon kai, tashin zuciya, rawar hannu da jajayen idanu masu gudun haske, ga shi za a kwantar da shi rigingine a ƙarƙashin fitila mai ƙarfi. Yawancin asibitoci suna cewa a bari aƙalla awa 24 kafin aikin, wasu su ce awa 48. Ka bi na asibitinka, idan ka ji magana biyu ka ɗauki mafi tsawo. Sauya iri ma ba mafita ba ne. Giya mai kumfa, ruwan inabi da masu ƙarfi irin su wiski duk sinadari ɗaya ne a ciki, bambancin yawa ne kawai.

Batun bushewar ido ya kamata a ɗan tsaya a kansa, domin nan ne mutane suka fi shan wahala ba tare da sun gane dalili ba. A gaban ido akwai wani tantani garai-garai da haske ke ratsawa, likitoci suna kiran sa koniya, shi lezar ke sassaƙawa. Yana cike da ƙananan jijiyoyi, kuma su ne ke sanar da ƙwaƙwalwa cewa ido na neman hawaye. A aikin LASIK ana yanka ɗan siririn marfi a saman tantanin, a ɗaga shi, a yi gyaran a ƙasa, a mayar da shi. Yankan yana tsinka jijiyoyin da yawa, sai ido ya rage samar da hawaye har su sake tsirowa, abin da kan ɗauki makonni, a wasu mutanen wata 3 zuwa 6 ko fiye. Ita kuma barasa tana danne sinadarin da ke umartar ƙoda ta riƙe ruwa, shi ya sa mai sha yake ta zaryar fitsari. Bincike ya kuma nuna cewa tana fitowa a cikin hawayen kansu, ta ƙara musu gishiri, ta sa su saurin tsinkewa a kan ido. Ka haɗa wannan da idon da dama jijiyoyinsa a yanke suke, sai mutum ya tashi yana jin kamar an watsa masa yashi, gani ya riƙa zuwa yana tafiya, ya fara zargin likita. Gyaran nan ba wuya: a sha ruwa sosai, a riƙa ɗiga hawayen kwalba, wato ruwan ɗigawa mai jiƙa ido, yadda aka rubuta ko da ba a jin bushewar, a jinkirta shan. Har ranar awon ido ma ya kamata a je ba a sha ba, saboda busasshen ido yana iya karkatar da awon da za a tsara aikin a kansa.

Sai masu shan murna. Mutum ya fito yana karanta rubutun bango ba tabarau, abin da rabonsa da yi tun yana yaro, abokai su ce a je a yi biki. A ganina wannan daren shi ne mafi muni da za a zaɓa. Marfin da aka mayar ba ɗinke shi aka yi ba, manne yake da kansa, kuma a awannin farko murza ɗaya mai ƙarfi tana iya gusar da shi ko ta tattare shi, dole a koma ɗakin aiki a gyara. Da zarar maganin kashe zafin ya sake, ido zai yi ta ƙaiƙayi yana zubar da ruwa. Mai cikakken hankali zai daure, ya rufe ido ya kwanta. Wanda ya sha ba zai ma san sa'ad da bayan hannunsa ya kai ido ba. Shi ne kuma zai manta ya manna garkuwar roba da ake ba da ita don kwanciya, ya kife da fuska a kan matashi, ko ya yi tuntuɓe ya bugi ƙofa. Wurin shan ma kansa matsala ne: hayaƙin taba, iskar na'urar sanyaya ɗaki, cunkoso da gwiwar hannun wani.

Akwai wata magana da ke yawo cewa barasa tana kashe ƙarfin maganin ƙwayoyin cuta da ake ɗigawa. Ba haka abin yake ba, domin abin da ke shiga jini daga ɗigon ido kaɗan ne ƙwarai. Matsalar ita ce jadawalin. Akan ba da kwalabe biyu ko uku, na kashe ƙwayoyin cuta, na rage kumburi da na hawaye, kowanne da lokacinsa, ana barin kamar minti 5 tsakanin wannan da wancan. Ana so a wanke hannu, a ja fatar ƙasan ido da yatsa, a ɗiga ba tare da bakin kwalbar ya taɓa gashin ido ba. Hannu mai rawa ba ya iya wannan, kuma mai maye ba ya tuna ko ya ɗiga na ƙarfe goma.

Magungunan haɗiya kuwa da gaske suke karo da ita. Wannan ya fi shafar waɗanda aka yi wa PRK, inda ba a yin marfi, sai dai a kankare siririyar fatar saman tantanin a bar ta ta sake tsirowa cikin kwana 3 zuwa 5 a ƙarƙashin wani gilashin mannawa mai laushi. (Abin mamaki, likitoci da yawa da barasa tsarmakakkiya, kimanin kashi 20 cikin 100, suke sassauta wannan fatar na 'yan daƙiƙoƙi kafin su wanke ta tas.) Rana ta biyu da ta uku suna da zafi, don haka akan rubuta maganin ciwo. Farasitamol da barasa duka hanta suke ɗora wa nauyi. Ibufurofen da barasa suna haɗuwa su ci cikin ciki, har ya kai ga zubar jini. Kodin ko taramadol da barasa kuwa suna iya danne numfashi, wannan ba abin gwaji ba ne ko sau ɗaya. Saboda haka kada wanda aka yi wa PRK ya ari dokar abokinsa da aka yi wa LASIK ko SMILE (wani aikin leza da ake yi ta ɗan ƙaramin yanka, ba marfi), wanda aka ce masa kwana biyu sun isa. Muddin kana haɗiyar maganin ciwo, ko gilashin nan na kan idonka, lokaci bai yi ba. Mafi sauƙi shi ne ka tambaya a dubawar washegari, bayan likita ya leƙa idon da na'urarsa.

Tuƙi ba ya buƙatar doguwar magana. A makonnin farko fitilun dare sukan yi zobe da walƙiya, barasa kuma tana ƙara dagula gani a duhu ko ga mai lafiyayyen ido. Ba a haɗa su.

Ɓoye wa likita yawan abin da ake sha kuskure ne mai fuska biyu. Ana tambaya a fom, mutum ya ji nauyi ya rubuta "jefi-jefi" alhali kullum ne. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi, kuma abin da ka faɗa wa likita sirri ne a wurinsa. Wanda ya daɗe yana sha sosai yakan rasa sinadaran da rauni ke buƙata don warkewa, irin su bitamin A, kuma wani lokacin raunin ganinsa daga jijiyar gani yake, abin da leza ba ta taɓawa. Fuska ta biyu ta fi tsanani: mai shan yau da kullum da ya karanta "a daina awa 24 kafin aiki" ya yanke lokaci guda shi kaɗai. Jikin da ya saba yakan fara bore awa 6 zuwa 24 bayan shan ƙarshe, da rawar jiki, gumi da bugun zuciya, wato daidai lokacin da ake so ya kwanta shiru a ƙarƙashin na'ura. A wasu mutanen abin yakan kai ga farfaɗiya ko ruɗewa cikin kwana biyu zuwa uku, kuma yana iya kisa. Irin wannan mutum likita ne zai tsara masa yadda zai rage, ko da hakan na nufin a ɗage aikin idon da 'yan makonni.

Wanda bai taɓa kai ta bakinsa ba ma akwai abin da ya shafe shi. Turare, man bayan aski da feshin gashi yawancinsu barasa ce ke ɗauke da ƙamshinsu, tururinsu kuma yana iya shafar aikin lezar, shi ya sa ake cewa a zo ranar aiki ba a shafa komai ba. Wasu magungunan tari na ruwa suna ɗauke da ita, a duba jikin kwalbar kafin a haɗa su da ƙwayar kwantar da hankali. Ruwan tsabtace hannu ma barasa ce mai ƙarfi. Kafin ɗiga magani gara a wanke hannu da sabulu a goge da tawul mai tsabta, idan kuwa shi kaɗai ke kusa, a bari ya bushe ƙarƙaf kafin yatsa ya kusanci ido.

Idan an riga an yi kuskuren, an sha, an kuma wayi gari da zafi mai tsanani, ko gani ya dushe farat ɗaya, ko ido ya yi jajir yana fitar da kwantsa mai kauri, kada a jira ranar da aka rubuta a kati. A kira asibitin nan take, a faɗa musu abin da aka sha, da yawansa, da kuma ko ana zaton an murza idon cikin barci. Marfin da ya goce ana iya ɗaga shi a shimfiɗa shi daidai idan an zo da wuri, kafin tattarewar ta zauna.