Kurakuran da aka fi yi wajen gano lalacewar kan shaf na waje da canza shi

Duk shekara sai an kawo mini sababbin yara gareji domin koyon aiki, kuma duk shekara sai na ga kuskuren da na yi tsawa a kansa bara ya sake dawowa a hannun wani yaron, musamman a aikin kan shaf na waje, wanda kowa yake raina shi yana cewa aikin awa guda ne. Na gaji da maimaita magana ɗaya a gindin mota, shi ya sa na zauna na rubuta ta.

Kan shaf na waje shi ne mahaɗin da ke bayan taya a motocin da ƙafafun gaba ke ja, irin su Golf 3 da Corolla da Accord da suka cika titunanmu. Aikinsa shi ne ya isar da juyin da shaf, wato sandar ƙarfen da ke fitowa daga giyabos, yake kawowa zuwa taya ba tare da saurin juyin ya canza ba, ko da an karya sitiyari har ƙarshe. A cikinsa akwai kwanon ƙarfe mai hanyoyi shida, da ƙwallaye shida, da kejin da ke riƙe su, da tauraron tsakiya wanda ke zaune a kan haƙoran shaf. Wani injiniyan kamfanin Ford mai suna Alfred Rzeppa ne ya ƙirƙiro wannan tsari a ƙarshen shekarun 1920, kuma mahaɗin yana iya lanƙwasawa kusan digiri 45 yana ci gaba da juyi. Idan hanyoyin nan shida suka cinye suka yi rami, ƙwallayen sukan faɗa ramin su fito a kowane zagaye, kuma wannan faɗawa da fitowa ita ce ƙarar da mai mota yake ji.

Kuskure na farko shi ne ɗauko sifana kafin a saurari mota. Mai mota zai zo ya ce ƙafar gaba tana ƙara, nan take yaro ya ce kan shaf ne, alhali bai ko zauna a kujerar direba ba. Ƙarar kan shaf na waje tana da kamanninta. A kai motar fili, a sauke gilasai, a karya sitiyari har ƙarshe, a sa giya ta ɗaya a taka totur kaɗan ana zagaye, sannan a juya ɗaya ɓangaren, sannan a maimaita da ribas. Idan kan ya cinye za a ji ƙas-ƙas-ƙas tana bin juyin taya, tana ƙaruwa idan an ƙara totur, tana ɗaukewa da zarar an miƙe sitiyari. Gurnanin da ke tashi a miƙaƙƙiyar hanya yana ƙaruwa da gudu na boris ɗin taya ne. Girgizar da ke zuwa lokacin da aka taka totur, ta lafa idan an ɗaga ƙafa, ta fi nuna kan ciki, wanda ke jikin giyabos. Ƙwanƙwasa a kan gargada kuwa a nemi boljoyin ko tayarod ko shokozoba. Na sha ganin an kwance ƙafar mota gaba ɗaya, ashe tsakuwa ce ta maƙale tsakanin faifan birki da farantin da ke kare shi.

Akwai kuma maganar da ke yawo tsakanin kanikawa cewa idan mota ta yi ƙara a kwanar dama to kan hagu ne ya mutu, wasu kuma su rantse akasin haka ne. Ni ban yarda da ko ɗaya ba, domin ƙara tana bin ƙarfe ta yaudari wanda ke cikin mota. Abin da nake yi shi ne in sa yaro ya tuƙa, ni kuma in tsaya a waje ina bin motar a ƙafa, in saurari wannan taya, sannan in koma waccan. Daga nan sai in leƙa robar shaf, domin ɓangaren da robarsa ta yage, baƙin giris ya fantsama a cikin wili da jikin shokozoba, kusan kullum shi ne mai laifin. Ɗaga mota a girgiza taya da hannu ba ya nuna komai a kan wannan mahaɗi, saboda sai yana ɗauke da ƙarfin inji yake yin magana.

Kuskure na biyu yana faruwa a kasuwa. Sunan mota da shekararta ba su isa a sayo kan shaf ba, domin mota iri ɗaya tana iya zuwa da kawuna daban gwargwadon girman inji da irin giyabos da ƙasar da aka ƙera ta dominta. A ƙirga haƙoran waje masu shiga hob, wato cibiyar da ake ɗaura taya a kanta, a ƙirga haƙoran ciki masu hawa shaf, a auna faɗin wurin da sil, wato zoben robar da ke tare ƙura da maiko, yake zama, sannan idan motar tana da zoben ABS (na’urar da ke hana taya cijewa idan an taka birki) a jikin kan, a ƙirga haƙoransa su ma, waɗanda a Toyota da yawa 48 ne. Bambancin haƙori ɗaya a ciki yakan bar kan ya fara shiga, yaro ya ƙarasa shi da guduma, bayan kwana biyu haƙoran su share motar ta tsaya tana ihu a giya ba ta motsi. Ni ba na tura yaro kasuwa sai da tsohon kan a hannunsa, a wanke tas, ko da sabo zai sayo a kwali ko ɗan Beljiyam.

Yanzu na zo kan babban notin tsakiya, kuma a nan ne na fi zafi, domin shi ne ya taɓa cin kuɗina da mutuncina a rana ɗaya. Shekarar da na buɗe wurina, wani dattijo ya kawo mini Accord tana ƙarar kwana. Na kwance, na ciro kan, na tura kasuwa, aka dawo da wanda bai dace ba, magariba kuma ta kawo kai, motar tana tsaye a bakin ƙofa ta tare hanya. Sai na ce a mayar da taya, a sauke ta daga jak, mu tura ta gindin darbejiya ta kwana. Nisan bai fi taku goma sha biyar ba. Washegari na ɗaura sabon kai, ƙara ta ɗauke, dattijo ya biya ya yi godiya ya tafi. Bayan mako biyu sai ga shi ya dawo, ƙafar nan tana gurnani kamar injin niƙa, ya tsaya a gaban yarana ya ce, “Malam, na kawo maka mota da ciwo ɗaya, ka mayar mini da ita da wani.” Ba ni da bakin magana. Boris ɗin ƙafar gaba layi biyu ne, zobensa na ciki rabi biyu ne, kuma abin da ke matse su wuri ɗaya shi ne kan shaf daga baya da noti daga gaba. Da na ɗora masa nauyin mota babu wannan matsi, sai rabin biyun suka buɗe, ƙwallayen suka ɓata mazauninsu. Daga aljihuna na sayi boris, na biya kuɗin matse shi a inji, kuma har yau dattijon nan bai sake taka garejina ba. Saboda haka duk yaron da na kama ya sauke mota a kan tayarta babu kan shaf a cikin hob, ranar ba zai ji daɗina ba. Idan tilas ne a matsar da mota, a zura tsohon kan a cikin hob a ɗaure notinsa tamau, sannan a tura.

Ɗaure notin ma yana da nasa shirmen. Ku yara, wa ya koya muku cewa a zura dogon bututu a sifana, mutum ya hau yana tsalle har sai mota ta girgiza? Kowane kamfani ya rubuta adadin ƙarfin da notinsa yake so: na Corolla ta 2003 zuwa 2008, misali, niyuton-mita 216 ne, wato ma’aunin ƙarfin ɗauri. Idan ɗaurin ya gaza boris zai yi wasa ya mutu da wuri, idan ya wuce kima tiredi, wato zaren da noti ke hawa, zai miƙe ko ya tsinke. Sifanar auna ɗauri tana da tsada, amma ba ta kai kuɗin boris biyu da fushin mai mota ba. Al’adata ita ce in fasa notin kwata ɗin zagaye kawai tun motar tana ƙasa, bayan na buɗe lotsawar bakinsa da siririn kurfi, sannan in ɗaga in ƙarasa. Wajen mayarwa kuma ina matse shi sosai tun tana sama yaro yana taka birki, in ƙarasa awon bayan an sauke ta. Noti sabo nake sawa, in lotsa bakinsa cikin tsagin, ko in zura sabon fil idan mai fil ne, ba ƙusar kafinta ba.

Dukan bakin tiredi da guduma kai tsaye domin a fitar da kan daga hob yana faɗaɗa bakin har noti ya ƙi hawa, don haka a mayar da tsohon noti ya yi daidai da baki, ko a sa guntun tagulla a tsakani. Kada kuma a fizgi hob waje da ƙarfi shaf yana biye da shi, domin a motoci da yawa kan ciki mai yatsu uku ne da ke shiga da fita cikin kwanonsa, idan ya zame ya fito ƙananan alluransa suna iya zubewa a cikin roba, aikin kai ɗaya ya koma na biyu. Wajen cire kan daga shaf, tauraron tsakiya ake bugu, ba keji ba, kuma a fara share giris a duba, saboda wasu kawunan suna da kilif da sai an buɗe shi da filaya, duka ba ya fitar da su. Abokan sana’a da yawa suna yin wannan aiki shaf yana jikin mota. Ni na fi son in ciro shi dungurungum in kama shi a bais, ko da man giyabos zai zuba in sake cikawa, domin a nan ne nake ganin abin da hannuna yake yi, kuma ina samun damar duba sil ɗin giyabos da robar ciki.

Wani abin kuma da ke tayar mini da hankali shi ne giris. Sabon kai yana zuwa da ’yar jakar baƙin giris mai sinadarin molibdinam, wanda aka yi shi domin ya jure matsin da ƙwallaye ke yi wa hanyoyinsu. Sai ka ga yaro ya ajiye jakar a gefe ya ɗebo ruwan ɗorawar giris na gwangwani, wanda bakinsa yake buɗe tun safe ƙurar hunturu tana sauka a ciki, ko kuma ya matsa rabin jakar ya ɓoye saura wai domin wani aikin. Wannan rowa ce da ba ta da riba, kuma cin amanar mai mota ce. Jakar duka ake juyewa, a cusa wajen rabi ta ramin tauraro har ya ɓullo tsakanin ƙwallaye, a zuba saura cikin roba. Ni kaina na taɓa yin aiki a kan yashi, kan da na cika da giris ya suɓuce ya faɗi, na goge samansa da tsumma na ɗaura saboda sauri, kuma ko wata uku bai cika ba ya fara ƙara, na sake sayen wani da kuɗina. Giris da yashi idan suka haɗu sun zama dutsen wasa wuƙa. Tun daga ranar kan ba ya barin saman kwali mai tsabta, kuma wanda ya faɗi ƙasa sai an wanke shi da kananzir mai kyau, ya bushe, a sake cika shi daga farko.

Robar ma haka. Wanda ya ɗaure ta da waya ko da igiyar robar da aka yanko daga tsohuwar taya ya san cewa motar za ta dawo, domin waya tana yanka roba, igiya kuma tana saki da zafi. Maɗaurin ƙarfen da ya zo cikin kwali shi ake matsewa da filayarsa, bayan an tabbata bakin robar ya zauna cikin tsaginsa, ba ta murɗe ba, an kuma ɗan ɗaga bakinta da sukundireba iskar da ta taru ta fita. Akwai kuma masu yi wa mai mota daɗin baki, su cika kan da ya riga ya fara ƙara da sabon giris su sa sabuwar roba, ƙarar ta lafa na ’yan makonni. Giris ba ya cike ramin da ya riga ya faɗa cikin ƙarfe. Canza roba kaɗai yana da amfani ne idan an kama yagewar da wuri, kan bai fara magana ba, an kuma wanke shi an ga hanyoyinsa sumul.

Sauran ƙananan ba sa buƙatar dogon bayani. Tsohon kilif ba a mayar da shi, kuma bayan an buga sabon kai a ja shi da hannu a tabbata ya kama. Wanda ya shiga ƙarƙashin mota tana kan jak kaɗai babu tsayayyen maƙari yana wasa da ransa. Idan an cire kalifa, wato mamatsin birki, a rataye ta da waya, kada a bar ta tana reto a jikin tiyon birki, haka ma wayar ABS a cire ta daga maƙalinta kafin a ja hob. A Golf akwai lanƙwasasshiyar washa da zoben roba mai tauri a bayan kan, a lura da yadda suka fuskanta kafin a cire su. Idan an kwance notunan da suka haɗa shokozoba da ƙafa, a kai motar a daidaita tayoyinta.

Bayan an gama sai a koma filin da aka fara gwaji, a yi zagaye hagu da dama da ribas, a duba ko fitilar ABS ta kama, sannan a karya sitiyari a leƙa bayan taya da tocila. Ina kuma roƙon mai mota ya biyo bayan mako guda in sake leƙawa, domin maɗaurin da bai matsu ba yakan fara nuna kansa ne da siririn layin baƙin giris a cikin wili.