Yadda ake kafa kwamitin sulhu na ɗalibai a makarantar kwana

Yawancin rigingimun da ke kai ɗalibai ofishin malamin ladabtarwa ƙanana ne. An ɗauki bokiti ba izini, ko wani ya tsallake layi a famfo, ko bashin naira ɗari biyar ya kwana biyu, ko wata ta kai gulmar wata ɗakin kwana na gaba. Malami zai yi musu bulala uku-uku, ya ce su ba juna hannu su ɓace masa da gani. Da dare sai faɗan ya dawo, kowa da 'yan garinsu a bayansa. Kwamitin sulhu na ɗalibai don irin waɗannan ake kafa shi: ɗalibai biyu da aka horar su zauna da masu saɓanin, su taimaka musu su fitar da mafita da bakinsu. Tsarin ya bazu a makarantun Amurka tun shekarun 1980, amma a wurinmu ba baƙo ba ne, domin aikin da mai unguwa da dagaci ke yi wa manya ke nan a zaure.

Kafin a zaɓi ko mutum ɗaya, shugaban makaranta ya rubuta abin da kwamitin ba zai taɓa ba, a manna a allon sanarwa: dukan da ya jawo rauni, makami, ƙwaya, duk wani abu da ya shafi lalata ko cin zarafi, babbar sata, da cin zalin da siniya ke yi wa juniya. Waɗannan na hukumar makaranta ne kai tsaye. Na ƙarshen shi aka fi kuskure a kai. Idan ɗan aji shida ya saba ƙwace garin ɗan aji ɗaya, aka zaunar da su wai a sasanta, yaron zai ce ya yafe tun kafin a tambaye shi, saboda ya san inda zai kwana. Sulhu yana aiki ne tsakanin waɗanda ƙarfinsu ya yi kusa da juna.

Waɗanda za a zaɓa

Makaranta mai ɗalibai kamar ɗari shida, mutum goma sha biyu zuwa goma sha shida sun isa. A bar kowane aji ya rubuta a takarda sunan wanda zai iya gaya wa sirrinsa, malamai su tace daga baya. Kada a miƙa aikin ga firifet-firifet don kawai suna da muƙami. Wanda ya sa ka tsallen kwaɗo jiya ba za ka buɗe masa cikinka yau ba. Kada kuma a ɗebo masu zuwa na ɗaya zalla. Yaron da ya taɓa yin rigima ya natsu, wanda 'yan bayan aji ke jin maganarsa, sau da yawa ya fi amfani. A samu daga ƙaramar sakandare da babba, kuma idan makarantar ta haɗa musulmi da kirista ko ƙabilu daban-daban, kwamitin ya nuna haka. Rigimar 'yan mata, 'yan mata ne za su zauna a kanta.

Horo ya ɗauki kwana biyu cikakku, Asabar da Lahadi, a hannun malamin ba da shawara. Kashi biyu cikin uku na lokacin gwaji ne: biyu su yi kamar suna faɗa, biyu su sasanta, saura su kalla su faɗi inda aka kauce. Lacca ba ta koya wa yaro yin shiru alhali ya san wanda ke da gaskiya.

Wurin zama kuwa, ɗakin karatu ko ofishin malamin ba da shawara. Ban da ofishin ladabtarwa, ban da ɗakin kwana inda za a taru a taga. Malami ɗaya ya zauna a waje, inda zai ji idan murya ta tashi amma ba zai ji maganar ba. Minti talatin sun ishi zama guda; in ba a gama ba a ɗaga zuwa gobe.

Zaman kansa

Ba a fara sulhu jiki na rawa. A bari a ƙalla awa biyu su wuce, ko a kwana. Sannan masu sulhu su ga kowane ɗaya shi kaɗai na minti biyar, su tambaye shi ko ya yarda a zauna. Wanda ya ce a'a, a mayar da maganar ga malami, kada a ja shi. A nan ne kuma mai sulhu zai janye idan ɗaya daga cikinsu abokinsa ne, ko ɗan garinsu, ko ɗan ɗakinsu.

A ciki, a jera kujeru huɗu iri ɗaya, masu saɓanin su fuskanci masu sulhu, kada su fuskanci juna. Mai sulhu na farko ya buɗe da ƙa'idoji, a taƙaice: "Mu ba alƙalai ba ne, ba za mu ce wane ne mai laifi ba. Kowa zai yi magana ba a katse shi. Ba zagi, ba ambaton iyaye. Abin da aka faɗa a nan ya tsaya a nan, sai dai in mun ji wani yana cikin haɗari, to dole mu sanar da Malam." Wannan togaciyar a faɗe ta tun farko. In aka ɓoye ta, ranar da aka kai magana gaba sunan kwamitin ya zama 'yan leƙen asiri, kuma ba mai sake zuwa.

Wanda ya kawo ƙara ya fara, minti uku zuwa biyar. Da ya gama, mai sulhu ya maimaita abin da ya ji, amma ya cire dafin. Mai bokiti ya ce: "Ɓarawo ne, kullum haka yake, ya raina ni." Mai sulhu ya mayar masa: "Ke nan ka fito wanka da asuba ba ka ga bokitinka ba, ka tarar da shi a hannunsa, kuma wannan ne karo na biyu. Haka ne?" In ya ce haka ne, a juya ga ɗayan, a yi masa daidai yadda aka yi wa na farko, har tsawon lokacin. Yara suna lura da wanda aka fi ba dama, da wanda aka gyaɗa wa kai.

Sai tono. Tambayar da ta fara da "don me ka" tana sa mutum kare kansa, a guje ta. Waɗanda ke buɗe baki su ne irin "Me ya fi ɓata maka rai a ciki?" da "Kafin wannan, yaya kuke?" A misalin bokitin, amsa na iya fitowa cewa ba bokitin ne damuwar ba: mai bokitin ya makara taron safe an yi masa bulala a gaban jama'a, mai ɗaukar kuma yana dariya. Shi kuma ɗayan nasa bokitin ya fashe tun makon jiya, kunya ta hana shi faɗa. Ba za a ji wannan ba sai mai sulhu ya iya jure shiru. In yaro ya sunkuyar da kai, a ƙirga goma a zuci kafin a sake magana.

Akwai amsar da za a ji kusan kullum: "Ai wasa nake yi." Wani lokaci da gaske ne, musamman inda akwai wasan barkwanci irin na Kanawa da Zazzagawa ko Fulani da Barebari. Kada a yi gardama a kan ko wasa ne. A tambayi wanda aka yi wa yadda ya ji, a bar mai wasan ya saurara.

Babban abin da ke kashe sulhu a wurinmu shi ne gaggawar ba da haƙuri. Minti biyar da zama, mai sulhu ya ce "Don Allah ku yi haƙuri, ku yafe wa juna", ya jawo aya ta 10 ta Suratul Hujurat, ko hadisin da ya hana ƙaurace wa ɗan'uwa fiye da kwana uku, ko Matiyu 18:15 in kirista ne. Wa zai ce bai yafe ba bayan an ambaci Allah? Sai su ba juna hannu, bokitin da bulalar suna nan a rai, kamar gyambon da aka rufe da tsumma ba a wanke ba. Nasiha tana da wurinta, a ƙarshe, bayan kowa ya amayar da abin da ke cikinsa. Haka ma rantsuwa: da zarar wani ya ce a kawo Alƙur'ani ya dafa, a dakatar da shi. Rantsuwa tana mayar da zaman kotu, ta bar ɗayan a matsayin maƙaryaci. Shaidu ma ba a kiran su, saboda wannan dalilin.

Mafita daga bakinsu za ta fito. A tambayi kowanne: "Me kai za ka iya yi?" kafin "Me kake so ya yi?" Mai sulhu na biyu ya rubuta duk shawarar da aka kawo, ko da ta wauta ce, sannan su tace tare. Abin da aka amince a kai ya zama ana iya gani a ƙirga. "Za mu zauna lafiya" ba yarjejeniya ba ce. "Zan tambaye shi kafin in ɗauka, zan sayi nawa ranar ziyarar iyaye" ita ce, haka "Zan biya ɗari biyu ranar Juma'a, ɗari uku Juma'a ta sama." Kowa ya ɗauki wani abu a kansa, ko ƙarami ne, don kada ɗaya ya fita yana jin an kayar da shi. Su huɗun su sa hannu, takardar ta tafi akwatin malamin ba da shawara mai makulli.

Bayan mako guda masu sulhu su nemi kowanne daban, su tambaya ko an cika alkawari. In an saɓa, a sake zama sau ɗaya. In an kuma, magana ta koma hannun malamai. Malamin da ke kula da kwamitin ya riƙe littafi mai kwanan wata da irin rigimar da yadda ta ƙare, ba tare da sunaye ba, ya kuma tara 'yan kwamitin duk mako biyu su tattauna abin da ya ba su wuya. A ƙarshen zango a duba littafin. In rabin ƙararrakin daga layin famfo suke, sai a kai wa shugaban makaranta da ƙungiyar iyaye da malamai maganar ƙarin famfo ko raba lokacin ɗibar ruwa aji-aji. A zango na uku kuma a horar da sababbi daga aji huɗu, tun kafin 'yan aji shida su shiga jarrabawar fita.