Yadda Mutumin Katsina Zai Hau Jirgin Ƙasa Daga Tashar Rigasa Ta Kaduna Zuwa Abuja

Jama'a sun yi ta tambaya, musamman 'yan Katsina da Daura masu gudun doguwar tafiyar mota. Ga yadda ake yi:

1. Duba jadawalin jirgi a shafin Hukumar Jiragen Ƙasa ta Najeriya. Lokutan tashi kan canza.

2. Tanadi lambarka ta NIN, wato lambar shaidar ɗan ƙasa.

3. Zaɓi tashar sauka, Kubwa ko Idu. Mai zuwa Gwarinpa ko Dutsen Alhaji, Kubwa ta fi masa.

4. Sayi tikiti ta intanet tun kana gida, domin kujeru kan ƙare da wuri, ballantana gab da Sallah.

Hattara: sunan da ke kan tikiti ya zo daidai da na katin shaidarka. Nan ne masu saye a hannun 'yan bayan fage ke asarar kuɗinsu.

5. Ɗauki hoton tikitin a waya, ko da sabis zai ɗauke a bakin ƙofa.

6. In jirgin safe ne, kwana a Kaduna. Kada ka ce za ka taso daga Katsina da asuba ka riske shi.

7. Isa tasha da saura awa guda. Daga tashar motar Kawo zuwa Rigasa akwai 'yar tafiya, ga cunkoso.

8. Miƙa kayanka a bincika.

9. Nemi lambar taragonka, sannan ta kujera.

10. Kada ka sauka sai jirgi ya tsaya cak.