Firist Daban, Malami Daban: Kurakuran Masu Rubutu Kan Shugabannin Addinin Bani Isra'ila

Na gaji da gyara abu ɗaya a rubutun masu fara nazarin tarihin Bani Isra'ila, shi ya sa na tara gyare-gyaren wuri guda. Kurakuran ba su da yawa, maimaita su ne ke cin rai.

Babbansu shi ne a kwaso kowane shugaban addini na Yahudawa, tun daga zamanin Annabi Musa har zuwan Rumawa, a kira shi malami ko rabbi, a zaunar da shi da almajirai kewaye. Na san inda hoton ya samo asali. Yawancinmu a littattafan Sira muka fara haɗuwa da Yahudawa, muka ga ahbaru na Madina irin su Abdullahi bin Salam kafin ya musulunta, waɗanda darajarsu ta sanin Attaura ce. To amma wannan ƙarni na 7 ne, fiye da shekara 500 bayan Rumawa sun rushe Haikalin Urushalima a shekara ta 70 Miladiyya. Kafin rushewar nan, ragamar ibada tana hannun firistoci, kuma ba da karatu ake zama firist ba, haifar mutum ake yi a ciki. Sai ɗan zuriyar Annabi Haruna ta wajen uba, daga ƙabilar Lawi. Kamar gidan sarauta ne a wajenmu: bare ko ya fi kowa sanin al'adun fada, ba ya shiga takara. Aikin firist miƙa hadaya ne da ƙona turare da duba mai cutar fata a yanke ko yana da tsarki. Suna koyar da shari'a, ba musu, amma ba koyarwar ce ta ba su matsayin ba.

Ga abin da zai nuna maka haka. A shekara ta 40 kafin Miladiyya, Antigonus, wani mai neman sarautar ƙasar Yahuza, ya lalata wa baffansa Hirkanus na Biyu, babban firist, kunnuwa. Me ya sa kunnuwa? Don shari'a ta hana mai naƙasa a jiki yin hidima a bagade. Ilimin Hirkanus yana nan yadda yake, amma kujera ta tafi. Da malanta ce, yankan kunne ba zai tuɓe shi ba. Ko sarki bai isa ya tsallaka wannan iyaka ba: Littafin Tarihi na Biyu, a cikin Littafi Mai Tsarki, ya kawo yadda Sarki Uzziya ya shiga Haikali zai ƙona turare da kansa, firistoci suka tare shi, ya fita da kuturta a goshi.

Wannan kuskuren ya taɓa cinye mini hutun ƙarshen zango ɗungurungum. Wani ya kawo mini rubutun littafinsa in duba masa ƙa'idojin rubutu, muka yi ciniki a kan haka. Ina buɗewa na tarar da "malaman Yahudawa" a kowane shafi. Eli na Shilo malami, Kayafa malami, Hillel malami, har Annabi Irmiya malami. Dole na bi su ɗaya bayan ɗaya ina tantance wane ne firist, wane ne annabi, wane ne masanin shari'a, kuma da aka gama rabin hujjojin babi biyu sun zube, domin rigimar da yake cewa ta malamai ce a tsakaninsu ashe rigima ce tsakanin kujeru daban-daban. Kuɗin gyaran waƙafi aka biya ni. Har yau idan na ga jimlar nan sai raina ya ɓaci.

Rabbi a matsayin muƙamin da ake naɗa mutum bayan rushewar Haikali ya kafu. Hillel da Shammai, manyan masana na zamanin Sarki Hirudus, da sunayensu kawai ake kiran su. Sai da Yohanan ben Zakkai ya tara masana a Yabne bayan shekara ta 70, aka ci gaba har Yahuda ha-Nasi ya tattara Mishna, kundin shari'ar baka ta Yahudawa, wajen shekara ta 200, sannan jagoranci ya koma hannun masu ilimi a hankali. Ni dai abin da nake yi, duk sunan da na ci karo da shi sai na rubuta tambaya uku a gefen takarda: wace shekara, ɗan wane gida, wa ya naɗa shi. In ban amsa su ba, ba na ba shi laƙabi.

Tambaya ta uku ita ke kai mu ga kuskure na biyu, wato ɗaukar babban firist a matsayin bakin dukan Yahudawa, kujera mai tsarki da ake gada tsaf daga uba zuwa ɗa. Haba! Ku karanta mana kafin ku rubuta. A shekara ta 175 kafin Miladiyya, Yason ya sayi kujerar da kuɗi daga hannun Sarki Antiyokus na Huɗu, ya ture ɗan'uwansa Oniyas. Bayan shekara uku Menelawus ya ƙara farashi ya ture Yason. Gidan Makabiyawa da suka yi tawaye suka tsarkake Haikali a 164, su ma wani mai neman gadon sarautar Siriya ne ya naɗa Yonatan ɗinsu babban firist a 152 kafin Miladiyya, daga baya kuma suka haɗa firistanci da sarauta a hannu ɗaya. Hirudus ya naɗa ƙanin matarsa Aristobulus yana saurayi, da ya ga jama'a na son yaron sai aka nutsar da shi a tafkin wanka a Yariko. Masanin tarihi Yosifus ya ƙirga manyan firistoci 28 cikin shekara 107, daga Hirudus zuwa rushewar Haikali. Kayafa da ake yawan ambata gwamnan Rum Balariyus Giratus ne ya naɗa shi wajen shekara ta 18, Rumawa kuma suka tuɓe shi wajen 36. Hatta rigunan hidimarsa a kulle suke a sansanin Antoniya, sai idi ya zo a fito masa da su. Mutumin da sai ya karɓi rigarsa a hannun sojan mamaya, shi za ka rubuta cewa ra'ayinsa ra'ayin al'umma ne?

A nan ne kuma ake cakuɗa Farisiyawa da Sadukiyawa kamar ƙungiya ɗaya. Sadukiyawa sun fi kusa da manyan gidajen firistoci, ba su yarda da tashin matattu ba, ba su kuma karɓi al'adun baka da aka gada daga magabata ba. Farisiyawa sun yarda da duka biyun, kuma yawancinsu ba firistoci ba ne. Yosifus ya ce sun ɗan haura 6,000 a zamanin Hirudus, don haka su ma kada a mai da su dukan jama'a.

Annabi kuma daban. Ba gado ba ne, ba naɗin sarki ba ne, kuma sau da yawa da firist yake karo: Amaziya firist na Betel ya kori Amos ya ce ya koma Yahuza ya yi annabcinsa can. Sai dai mutum ɗaya kan haɗa biyun. Irmiya da Ezekiyel 'ya'yan gidan firistoci ne, Linjilar Luka ma ta ce Zakariyya mahaifin Yahaya firist ne na rukunin Abiya, ɗaya daga rukunoni 24 da ke karɓa-karɓar hidima.

Sauran kurakuran ƙanana ne. Kowane firist Balawe ne, wato ɗan ƙabilar Lawi, amma ba kowane Balawe ne firist ba. Sauran Lawiyawan mawaƙa ne da masu tsaron ƙofa da mataimaka. Majami'a wurin karatu da addu'a ce, ba a yanka hadaya a cikinta, kada a kira ta Haikali. Mahukunta irin su Gidiyon jagororin yaƙi ne, ba alƙalan kotu ba, kuma a cikinsu akwai mace, Debora. Mambobi 71 na babbar majalisar shari'a ta Yahudawa lissafin Mishna ne, kada a ɗora shi kan zamanin Annabi Dawuda. Masarautu biyu ne bayan Annabi Sulaimanu: ta arewa Assuriyawa suka ci ta a 722 kafin Miladiyya, ta kudu Babila ta rushe ta da Haikalinta a 586. Shekarun kafin Miladiyya kuwa baya-baya ake ƙirga su, 586 ta riga 516, lokacin da aka kammala Haikali na biyu. Na sha ganin wanda ya gina na biyun kafin a rushe na farko.